Ranar Kasuwa, Ofis a Kulle

Shekara tara na yi ina hawa babur daga Kusada zuwa Kankiya kowace safiyar aiki. Na san ramin da ke cika da ruwa in damina ta zauna, na san inda shanun Fulani ke tsallake titi, na san mai facin da ke riga kowa buɗewa. Kamfanin da nake ma aiki iri yake saidawa da taki da maganin feshi, yana kuma ba manoma shawara kyauta don su saba da shi. Babban ofishinsa na Kano. Namu na Kankiya ɗan reshe ne, ɗaki biyu da sito, a bakin hanyar da ke shiga kasuwa. Mu biyar ne a ciki, ni ne shugaba, kodayake shugabancin bai wuce makulli a aljihu da sa hannu a takarda ba.

Wanda ya riƙe ofishin da gaske ba ni ba ne. Wani dattijo ne daga wajen ƙauyen Boko, tsohon malamin gona da ya gama aikin gwamnati kamfani ya ɗauke shi. Baba muke ce mashi, shi kuma yana ce mani Shugaba, rabi girmamawa rabi tsokana, don a haife ya haife ni. Baba bai iya kwamfuta ba. Amma in manomi ya zaro ganyen dawa daga aljihu ya miƙa mashi, sai ya juya shi, ya murza, wani lokacin har ya sansana, ya ce, "Gonarka a kwari take ko? Ruwa ke kwanciya. Ba magani take so ba, huɗa take so." Mutum ya zo da niyyar sayen kwalba, ya koma bai sayi komai ba. Na taɓa yi mashi ƙorafi cewa yana kore mamu ciniki.

Ya ce, "Bar shi ya tafi, Shugaba. Baɗi da ƙannensa zai dawo."

Haka kuwa ake yi.

Ranar kasuwa ita ce ranarmu. Tun da hantsi mutanen Fakuwa da Yashe da ƙauyukan da ke tsakani za su cika bencinmu, wasu su tsugunna a inuwar bango, kowa da ganye ko kara ko ƙwaro a ƙullin leda. A tsallaken hanya akwai rumfar wata tsohuwa da muke kira Inna, mai waina da safe, shinkafa da wake da rana. Mu biyar a wurinta muke ci kullum, ranar kasuwa kuwa duk wanda ya gaji da jiran Baba can yake tsallakawa. Ita ke sanar da mu wanda ya riga wani zuwa in gardama ta tashi.

Tun bayan annobar korona muka riƙa jin cewa ma'aikatanmu na Kano ba kullum suke zuwa ofis ba. Mun ɗauka abin birni ne. Sai wata bazara, ana shirin shuka, aka kira taro ta kwamfuta, irin wanda kowa ke ganin fuskar kowa a 'yan ƙananan akwatuna. Manajarmu ta yanki ce ta yi bayani, wata matashiya mai ilimi da ladabi, wadda ban taɓa jin ta ɗaga ma kowa murya ba. Ta ce daga wata mai kamawa, kwana biyu za mu riƙa yi a ofis, uku a gida. Manoma su riƙa turo hoton abin da ke damun gonarsu ta waya, mu amsa masu daga inda muke. Za a rage kuɗin man janareta da na gadi, mu kuma mu huta da hanya.

Ba zan ɓoye ba, na yi murna. A lokacin man fetur ya yi tsadar da nake kashe babur a gangara don in tsimi abin da ke tanki. Na lissafa kwana uku ba hanya, ba rana, ba ruwan sama a ka. Na ce a raina ashe wahala ma tana da ranar ƙarewa.

Baba ne ya taɓa ni da gwiwar hannu. A hankali ya ce, "Tambaye ta, waɗanne ranaku ne biyun?"

Na tambaya. Ta faɗa. Babu ranar kasuwar Kankiya a ciki.

Na ce, "Ranki ya daɗe, mu nan ranar kasuwa ce mutane ke zuwa. Ko za a sauya mamu ɗaya?"

Ta ce ta fahimta. Amma ranakun iri ɗaya ne ga dukkan rassa, saboda motar kaya da masu gadi duk a kansu aka tsara. Kowane gari da ranar kasuwarsa, in aka bi ta kowa tsarin ya rushe. Ta ce in rubuto a takarda, za ta kai gaba. Na rubuta a ranar. Na sake rubutawa bayan sati biyu. Amsar da ta zo layi ɗaya ce, ana dubawa.

Makon farko a gida ya yi mani daɗi. Na sha koko a zaune, na raka yara har ƙofar makaranta. Na shimfiɗa tabarma a zaure, na ɗora kwamfuta a kan wani ɗan tebur, na ji kamar wani babban mutum. Daga nan abubuwa suka fara fitowa ɗaya bayan ɗaya. Sabis ba ya shiga zauren sai ya ga dama. Wurin da ya fi kamawa a duk gidan shi ne lungun da muke ɗaure awaki, don haka nakan tsaya can riƙe da waya sama, akuya na jan gefen rigata, ina jiran saƙo ya tafi. Wuta in ta zo yau, sai jibi ko gata. Rabin abin da na tsira da shi na mai ya koma wurin mai caji da sayen data.

Sannan mutane. A garinmu namijin da aka gani a gida da hantsi, ko dai ba shi da lafiya ko ba shi da aiki. Maƙwabcina ya yi mani jaje sau biyu kafin in gane ya ɗauka korata aka yi. Da suka fahimci ina nan kuma lafiyata lau, sai na zama na kowa. Za a kai mara lafiya asibiti, ga mai babur a gida. An yi rasuwa a unguwa, ba ka isa ka ce kana taro ba alhali ana ganin takalminka a ƙofa. Matata, wadda ta saba da gidanta ita kaɗai daga safe zuwa la'asar, ta koma tana daka a hankali, tana hana yara kuka, tana korar kaji daga bakin zaure. Wata rana ta kawo mani ruwa ta tsaya.

Ta ce, "Malam, da can in ka dawo, ka dawo. Yanzu kana nan amma ba ka nan. In na yi magana ka ce aiki kake, in na yi shiru ka ce gidan ya yi tsit."

Ni kuwa idona na kan wani ɗigo. A kwamfutar, gefen sunan kowane ma'aikaci akwai wani ɗan ɗigo. In mutum yana taɓa na'urar sai ya yi kore, in ya ɗan jima bai taɓa ba sai ya koma ruwan toka. Daga Kano ana ganin na kowa. Ba wanda ya ce mamu da shi ake auna mu, amma kowa ya sani. Har alwala nakan yi da sauri.

Hotunan da aka ce manoma za su turo kuwa, a wata na farko waɗanda suka zo ba su cika tafin hannu ba, su ma yawanci dishi-dishi, ba ka bambance ganyen gero da na dawa. Mafi yawan mutanenmu ƙaramar waya gare su, mai tocila. An ba Baba babbar waya, na zauna na koya mashi yadda ake shiga. Yatsunsa sun yi kauri da kanta, in ya taɓa harafi ɗaya sai biyu su fito. A ƙauyensu kuma sai ya hau tudun bayan gari kafin ta kama.

Ranar kasuwa ta uku da fara tsarin, Inna ta sa aka kira ni a waya. Ta ce, "Ɗan nan, mutane sun cika ƙofarku, har da na Fakuwa. Me zan ce masu?" Na kalli ɗigon, na kalli babur. Na rufe kwamfuta na tafi. Na kira Baba ya same ni can, muka buɗe, muka yi aiki har la'asar kamar yadda muka saba. Ranar na koma gida da gajiyar da na daɗe ban ji daɗin irinta ba.

Kwana biyu bayan haka takardar tuhuma ta zo. Na buɗe sito a ranar da babu mai gadi, na fitar da kaya ba a ranar da aka amince ba, na kuma bar wurin aikina na gida ba da izini ba. Manaja ta kira ni da kanta. Ta ce, "Malam, na san abin da ya sa ka yi. Amma abin ba a hannuna yake ba. Ta biyu in ta zo, ba zan iya tare maka ba." Na ce na gode. Ina da 'ya'ya huɗu, ga mahaifiyata a ɗaki, ga ƙannen da ke kallon hannuna. A Kusada ba a tsintar aikin albashi a hanya.

Bayan 'yan makonni, wata ranar ofis da muka tashi, Baba ya jira sauran suka fita. Ya tsaya yana gyara hularsa, abin da yake yi in magana ta yi mashi nauyi.

Ya ce, "Shugaba, ba ni makullin. Kai ka zauna gida abinka. In an tambaya ka ce ni na ɗauka ba ka sani ba."

Na ce, "Baba, sunana ke kan makullin ga. Ko me aka yi da shi ni ne."

"Wake ya kusa fure. Ka san abin da ke zuwa."

"Na sani."

"To?"

Na ce, "Ka yi haƙuri, Baba."

Ya dube ni, ba da fushi ba. Ya ce, "Allah ya rufa asiri," ya ɗauki 'yar jakarsa ya fita. Na kulle ƙofar, na ja kwaɗon sau biyu kamar kullum.

Daga wannan makon Baba ya riƙa zuwa Kankiya duk ranar kasuwa da kuɗin motarsa. Ba ya iya shiga ofis, sai ya zauna a bencin Inna yana fuskantar ƙofarmu. Manoma suka koma can. Yana duba ganye, yana faɗin ciwo, yana rubuta sunan magani a guntun takarda. Maganin kuwa yana cikin sitonmu, taku ashirin daga inda yake zaune, a kulle. Sai ya ce ma mutum ya dawo ranar ofis. Amma wanda ya biyo motar kasuwa daga ƙauye, ya bar noma a tsaye, ba ya da wata ranar. Sai ya ratsa cikin kasuwa da takardar a hannu, ya sayi abin da ya samu. Ni ina Kusada, a lungun awaki, ina amsa saƙonnin Kano da ɗigona kore shar.

A cikin masu zuwa akwai wani manomi daga Fakuwa, dogo siriri, wanda ya shekara biyar yana sayen irin wake a wurinmu. Ba mai yawan magana ba ne. A shekarar ya ba wake gonarsa mafi kyau. Ƙwari suka sauka mashi daidai da fara fure. Ya zo ranar kasuwa, Baba ya duba, ya rubuta mashi magani, ya roƙe shi ya jira ranar ofis. Ya ce kafin ranar furen ya zube. Ya shiga kasuwa, wani mai tebur ya karanta takardar ya ce yana da irinsa, har ya fi ƙarfi, ya ɗura mashi a kwalbar da ba ta da rubutu. Duk wannan daga baya na ji.

Abin da na gani da idona shi ne, wata ranar aiki da hantsi ina zaune a zaure, sabis ya yi kirki ya shigo, muna tsakiyar taron mako. Wani daga Kano yana nuna mamu yadda aikin gida ya rage ma kamfani ɗawainiya. Sai na ji sallama. Kafin in amsa, mutumin Fakuwa ya sunkuyo ya shigo, ƙafafunsa duk laka. Tambaya ya yi ta yi har aka gwada mashi gidana. Na kashe muryata a na'urar, amma hotona na nan, suna ganina. Na yi mashi alama da hannu ta ƙarƙashin tebur ya zauna. Bai zauna ba. Ya kwance wani ƙulli ya zube a kan tabarma. Rassan wake ne, ganyen ya ƙone ya naɗe kamar an gasa, furen ya yi baƙi. Da gani na san maganin kashe ciyawa aka ba shi.

Ya ce, "Malam, ni ba hwaɗa ya kawo ni ba. Na taho in gwada maka ne."

Na ce, "Sannu da zuwa. Ka ba ni minti biyar."

Ya dubi kwamfutar, ya dube ni. "Da su kake magana?"

"Da su."

"To gwada masu. Su ga abin ga."

A daidai lokacin aka kira sunana daga cikin na'urar, ana so in faɗi yadda reshen Kankiya ke tafiya. Na kunna murya. Rassan na gefen gwiwata, hannu kawai zan miƙa in ɗaga su. Na ji bakina yana cewa komai na tafiya daidai, sai 'yan matsalolin sabis. Aka ce madalla, aka wuce reshe na gaba.

Mutumin bai ji turanci ba, amma ya ga hannuna bai motsa ba. Ya tsugunna ya tattara wakensa ɗaya bayan ɗaya, ya mayar cikin ƙulli. Matata ta aiko da ruwa da fura, ya sha ruwan ya bar furar. Da aka gama taro na bi shi waje, na yi ta bayani, ranaku, tsari, takardar tuhuma. Ya saurara har na gama.

Ya ce, "Shekara biyar ina tahowa, ban taɓa iske ƙohwar ga rufe ba. Ni da ku na saba, ban san wasu na Kano ba." Ya ɗaura ƙullin a bayan kekensa. "Allah ya sa haka shi ne mafi alheri."

Na tsaya ina kallonsa har ya sha kwana. A ranar na rubuta rahoto mai tsawo, na sa komai a ciki, har da abin da na kasa faɗi a taron. Aka amsa cewa abin takaici ne, kuma wannan ya nuna muhimmancin wayar da kan manoma su daina sayen magani a hannun 'yan tebur.

Da kaka ta yi, aka zauna duba aikin shekara. Cinikin reshenmu ya faɗi, wannan ba sai an gaya mani ba. Aka kuma duba ma'aikata ɗaya ɗaya. A ranakun gida ɗigon Baba kusan kullum ruwan toka ne, ranar kasuwa kuwa ko sau ɗaya bai yi kore ba. Hotunan da ya amsa ba su taka kara sun karya ba. Manaja ta kira ni ta ce an yanke shawarar ba za a sabunta kwantiraginsa ba, kuma ni zan kai mashi takardar.

Na ce, "Ranki ya daɗe, ranakun da na'ura ta ce ba ya aiki, su ne ranakun da ya fi kowa aiki. Yana bakin ofis tun safe har yamma. Ki tambayi duk Kankiya."

Ina jin kukan jariri a bayanta, da ƙarar tukunya. Ita ma a gida take. Ta ce, "Na faɗa masu, Malam. Wallahi na faɗa. Suka ce in kawo shaida a rubuce, mutum nawa ya gani, me ya saida masu. Kana da ita?"

Ba ni da ita. Baba bai taɓa rubuta sunan wanda ya duba ba, kuma bai saida komai ba, tunda sito a kulle yake.

Ban iya ba shi takardar a ofis gaban yara ba. Na jira ranar kasuwa, na ce ma Kano zan kai mahaifiyata asibiti, na hau babur. Na iske shi a bencin Inna da mutum biyu a gabansa. Rumfar ta rame. Inna ta daina waina tun tsakiyar damina, don mu biyar da muke ci kullum mun koma kwana biyu a mako, manoman ma sun fara raguwa da labari ya bazu cewa ba a samun magani. Babbar tukunyarta na kife a gefe, da ƙarama take dafawa.

Na jira ya sallami mutanen. Na zauna kusa da shi, na miƙa mashi ambulan. Bai buɗe ba.

Ya ce, "Ta sallama ce?"

Na ce, "Ita ce, Baba."

Ya jinjina kai. Ya laluba aljihu ya fiddo babbar wayar, a naɗe cikin leda kamar yadda yake ajiye ta don kada ta yi datti. Ya ɗora mani a cinya. "Ga kayansu. Dama ba mu saba ba, ni da ita."

Na fara cewa na yi iya ƙoƙarina, ya ɗaga hannu. "Na sani, Shugaba. Kai ma riƙe ka aka yi." Sai ya juya ya ce, "Inna, zuba mamu. Yau ni zan ciyar da Shugaba."

Inna ta zuba, ta ajiye kwanon da ƙarfi a gabana. Na ci don kada in ƙi, amma ban san ɗanɗanon abin da na ci ba.

Da rani ya tsaya aka ce ofishin Kankiya ba ya biyan kansa, kwana biyu kawai ake amfani da shi, manoma kuma ba sa zuwa. Aka rufe. Motar kamfani ta zo ta kwashe abin da ya rage a sito. Biyu daga cikinmu aka sallame su, ɗaya aka mai da shi Kano, ni aka bar ni in riƙa kula da yankin daga gida, in je Kano sau ɗaya a wata. Na miƙa ma mai ginin makullinsa. Yanzu wani ke saida kayan masarufi a wurin. Inna ta tashi ta koma wurin ɗiyarta a Yashe. An ce ƙafa ta hana ta zama gaban murhu, amma na san ba ƙafar ce kaɗai ba.

Ina nan ina aikin har yau. Albashi na shigowa, yara na makaranta. Na sayi ɗan faifan sola, na daina zuwa wurin mai caji. Wani lokacin manomi kan yi sallama a zaure, in duba mashi iya abin da na koya, in faɗa mashi sunan dillalin da ke da kayanmu a wani gari, in ga yadda yake auna nisan a ransa.

Bara, bayan sallar layya, wata baƙuwar lamba ta kira ni. Manajar ce. Ta ce an haɗe yankinta da wani, an ce manaja ɗaya ya isa tunda duk ta waya ake yi, ita aka sallama. Na yi mata jaje. Sai ta ce, "Malam, dattijon nan. Yana nan?"

Na ce yana nan, a ƙauyensu.

"In ka gan shi, don Allah ka ce ya yafe mani."

Na yi sati biyu ina jan ƙafa kafin in je. Rabona da shi tun ranar takardar, kunya ta hana ni. Na iske shi a bayan gidansa a Boko, zaune a kan turmi yana gyara ƙotar fartanya. Ya ɗan rame, gemun ya ƙara fari. Ya tashi da murna, ya sa aka kawo tabarma, ya tambayi mahaifiyata da yara ɗaya ɗaya. Ya zagaya da ni ya gwada mani dawarsa, ya ce bana ruwa ya yi gyara. Sai da na tashi tafiya na isar da saƙon.

Ya ce, "Wace ce?"

Na ce manajarmu ta Kano, wadda ke magana a taro.

Ya yi ɗan tunani. "Yarinyar ga ta cikin akwati? Ai ko fuskarta ban gane ba, ƙanƙanuwa ce a gilashin. Ita ma sun cire ta?"

Na ce sun cire ta.

Ya ce, "Ikon Allah. To wa ke can yanzu?"

Na buɗe baki in ba shi amsa, sai na ga ban sani ba. Sabon manajan ban taɓa ganinsa ba, ba ya kunna hotonsa a taro, murya kawai muke ji.

Baba ya ce in gaya mata ba komai, Allah ya yafe mamu baki ɗaya, ya ba ta wani aikin da ya fi. Ya shiga gida ya fito da gyaɗa a ƙwarya ya juye mani a jaka, ya ce ta yara ce. Ya rako ni har bakin hanya. Na so in ƙara zama, amma akwai rahoton da ake jira kafin la'asar, kuma da sabis ɗin Boko ba zai tafi ba. Na tada babur.